Layukan da Auta Ya Goge

Litinin, da hantsi

Tun da na fara aiki hantsin Litinin bai taɓa samuna a gida ba sai yau. Na yi wanka, na sa kayan ofis, har na rataya jaka kafin na tuna an ce in huta. Haka Manaja ya kira abin, wai hutu. "Injiniya, ki ɗan je ki huta har mu gano bakin zaren." Katin shiga ofis kuwa ya ce in bar wa mai gadi, kada ya ɓace mini a gida.

Ba zan rubuta abin da ya faru a taron Alhamis ba. Abin da zan rubuta kawai shi ne, ɗakin taro ya cika maƙil, kuma wanda ya tsaya gaban allo yana zagaye sashena da jan alƙalami uwarmu ɗaya ubanmu ɗaya. Auta. Ni na goya shi. Ni na koya masa rubuta manhaja a tsohuwar kwamfutata mai fasasshen gilashi. Ni na kai takardunsa teburin Manaja na ce, "Ƙanena ne, amma ba don haka na kawo shi ba."

Ɗazu ina jin sa yana tayar da babur a tsakar gida. Ko leƙowa bai yi ba.

Talata, bayan azahar

Inna ta shigo ta same ni a kwance, ta zauna bakin gado.

"Wai ke me ya ɗaukar miki ne kike ta wannan kumburi?"

Na ce laburare.

"Laburare sukutum? Har da littattafan?"

Ban so yin dariya ba, ta dai kuɓuce mini. Na tashi zaune na yi mata bayani yadda na taɓa yi wa shi wancan. Manhajar kamfaninmu ita ke sayar da tikitin mota a tashoshi. Tana zaune a cikin wata babbar na'ura da muke kira saba. Duk aikin da za ta yi sai ta kama wuri a memori, wato ƙwaƙwalwar na'urar, in ta gama ta saki. In wani sashe yana kamawa ba ya saki, sai mu ce ana yoyo. A hankali wuri ya ƙare, saba ta sume, fasinjoji su tsaya cirko-cirko da kayansu. Laburare kuma a wurinmu ɗan fayil ne da ake maƙala wa manhaja ya taya ta wani aiki. Nawa aikinsa sa ido: wanda ya kama wuri a rubuta, wanda ya saki a rubuta, a ƙarshe a kawo rahoto. Shi ya sa na raɗa mata suna Magulmaciya.

Inna ta ce, "To ai muna da irinta a layin nan, ba sai kin wahalar da kanki ba."

Na gaya mata a falon nan na rubuta ta, ranakun da ba aiki, Auta na kwance a doguwar kujera yana kallona. Ba ta kamfani ba ce, tawa ce. Ya kwafe ta, ya canza mata suna zuwa Mikiya, ya gaya wa Manaja ya daɗe yana fama da ita. Rahoton da ta fitar ya nuna sashena ne ya fi kowa riƙe memori. To da ma! Sashena ne ke riƙe jadawalin motoci da kujeru gaba ɗaya, dole ya yi girma. Amma ba ya ƙaruwa, kuma abin da ba ya ƙaruwa ba yoyo ba ne. Na faɗi haka a taron, kowa ya sunkuyar da kai, don zanen Auta mai launi ne ni kuma baki kawai gare ni.

Inna ta ce, "Ƙaninki ne fa. Abin da yake naki ai nasa ne."

Na ce, "Har sunana, Inna?"

Ta kakkaɓe zaninta ta fita.

Laraba, da yamma

Ba fushi nake yi ba. Na dai wanke labulen gidan nan kaf.

Juma'a, da safe

Dogo ya kira. Shi ke kula da saba, kuma shi kaɗai ne a ofishin ya tuna ina da waya. Ya ce jiya ma ta sume ana tsakiyar ciniki, sai da ya kashe ya kunna.

Na ce Allah ya kyauta, ai ni ina hutu.

"Ni abin da ya ɗaure mini kai, Injiniya, Mikiya ta ce ba wani yoyo sai wajenki. Ga ta nan dare da rana tana kallo, amma memori sai tafiya yake."

Na ce, "Dare da rana a ina? A sabar gwaji?"

"A'a, a ta aiki. Manaja na son ganin zanen nan a allonsa, sai Auta ya ce a bar ta kawai."

"Tun yaushe?"

"Tun kafin suman farko."

Na ce ya buɗe fayil ɗin ya ɗauko mini hoton samansa. Ya turo. Ga sunan Auta da manyan baƙaƙe, daga nan sai aiki ya fara. Ba komai a tsakani.

A nawa akwai abu a tsakani. A ƙarƙashin sunana na rubuta gargaɗi: kada a kuskura a bar ta a kan sabar aiki, ta ɗan lokaci ce, a auna a cire. Duk gulmar da ta jiyo a cikin memorin nan take tara ta, ba ta zubar da ko ɗaya. Kuma da hannuna na tsara ta yadda ba za ta saka kanta a rahoto ba, don kada ta cika shi da labarinta. Sunana da gargaɗin a dunƙule suke wuri guda. Shi kuma garin saurin kawar da sunan ya haɗa duka ya share, bai tsaya ya karanta abin da ke ƙasa ba.

Kafin Mikiya nauyi kawai saba ke yi ranakun cunkoso, ba ta taɓa suma ba. Ba wanda ya lura da wannan. Ni kaina sai yau.

Dogo ya sake kira. "Kin ga wani abu?"

Na ce, "Ba komai. Sunan ne na ga ya zauna daram."

Na ajiye wayar na yi dariyar da sai da Inna ta leƙo ta ga ko lafiya.

Asabar, da hantsi

Na kwana da zancen na tashi da shi, kuma na yanke shawara. Ba zan taɓa komai ba. Ba zan aika wa kowa saƙo ba, ba zan yi wa kowa zagon ƙasa ba. Shiru kawai zan yi, kuma ba a taɓa kai mutum kotu don ya yi shiru ba. Auta shi ya ɗebo ruwan dafa kansa, ni ko ashana ban miƙa masa ba.

Dogo ya ce Larabar sama masu wani babban kamfanin sufuri za su zo a gwada musu manhajar. Ranar za a jona tashoshinsu duka a lokaci guda. Manaja ya ɗora ransa a kan kwangilar nan, kuma Auta ya zaɓa ya tsaya a gaba. Yawan ciniki, yawan gulma. Saba ba za ta kai azahar ba.

Lahadi, da safe

Mun yi kiciɓis da Auta a bakin famfo.

"Yaya, ina kwana."

"Lafiya lau, mai Mikiya."

Ya cika bokitinsa rabi ya tafi.

Talata, bayan la'asar

Sun cire sashena. Aikin da na yi shekaru ina gogewa kamar tukunya, sun tsige shi sun dasa wani da Auta ya haɗa cikin gaggawa. Dogo ya ce har tafi aka yi. Kafin a tashi aiki saba ta sume.

Na ce masa, "Ashe ba ni ba ce."

Ya ce, "Yanzu kuma cewa suke kin bar wani abu a ɓoye."

Madalla. Su ci gaba da nema.

Alhamis, da rana

Ba don in gani na je tasha ba. Hanyar shagon gyaran takalmi ce ta bi ta nan.

Layi ya fito daga rumfar tikiti har ya zagaya bayan masu sayar da ruwa. Mai sayar da tikitin ya kifa wayarsa a kan teburi ya harɗe hannu, ana ta zaginsa kamar shi ya ƙera na'urar. Wata mata da jaka a ka da wata a hannu ta dube ni, wataƙila don ta ga tabarau, ta ce, "Baiwar Allah, ko kin san yaushe abin nan zai dawo? Jana'izar yayata zan je."

Na ce ban sani ba.

Ai kuwa ba ƙarya na yi ba. Ban san ko Dogo yana kusa da saba a lokacin ba.

Takalmin ma ban bayar ba, na dawo da shi a leda.

Juma'a, da yamma

Ba ni na maƙala ta a sabar aiki ba. Ba ni na goge layukan ba. Ba ni na kori kaina ba.

Asabar, bayan azahar

Inna ta ce Auta ya rame. Na ce aikin manya ne, haka yake. Ta ce ba ya cin abinci, wuyan rigarsa har ya yi masa yawa. Na ce akwai tela a bakin titi.

Ta dube ni ta ce, "Ke dai tun kina ƙarama in kika riƙe abu ba kya saki."

Na ce, "A wajen aikinmu yoyo ake kiran wannan."

Ba ta gane ba, ni ma ban ji daɗin barkwancin ba.

Lahadi, da la'asar

Ya zo. Ina zaune ina yanke farce sai na ga inuwa a labule. Bai shigo ba, ya jingina da ƙyauren ƙofa kamar mai jiran a ba shi aike.

"Yaya, tambaya gare ni. Ta aiki ce kawai."

"Ina hutu, amma faɗi."

"In mutum yana ganin memori na ƙarewa, rahoto kuma ya ce ba inda ke yoyo, ina zai duba?"

"Wane rahoto?"

"Na Mikiya."

"To ai sai ka tambayi wanda ya rubuta ta. Shi ya san cikinta."

Na ci gaba da yanke farcen da ya riga ya ƙare. Wallahi kalma biyu nake jira. Taki ce. Ba a gaban Manaja ba, ba a gaban Inna ba, a nan bakin ƙofa, daga ni sai shi. Da ya faɗa, da kafin ya rufe baki na gaya masa layin da zai cire. Na ga maƙogwaronsa ya motsa, na ce yanzu zai faɗa.

Ya ce, "Shi ke nan. Na gode, Yaya."

To shi ke nan ɗin. Wuyansa ya ɗauka.

Talata, da safe

Na gama lissafin yadda gobe za ta kaya. In saba ta faɗi a gaban baƙi dole a tona, kuma duk mai hankalin da ya tona zai iske Mikiya zaune a kan memori ta yi ƙiba. Manaja zai tambayi wanda ya rubuta wannan abu. In Auta ya ce shi ne, ya kwashi kashinsa a hannu. In ya ce Yaya ce, ya tona wa kansa asiri da bakinsa a gaban kowa.

Na san wanda zai zaɓa. Tun yana rarrafe in ya fasa kofi ni ake nunawa. Zai ce ni ce, su kira ni, in shiga da ainihin fayil ɗin, sunana a sama, gargaɗi a ƙasansa, in sa a haska a allon da ya zagaye ni da jan alƙalami. Ba zan ɗaga murya ba. Zan ce a karanta kawai.

Na kwafe shi a filasha, 'yar na'urar ajiye fayil, na sa a aljihun jaka. Na goge shuɗiyar rigata na rataye.

Laraba, da sassafe

Yau ce. Auta ya fita da taye a wuya.

Laraba, bayan azahar

Ina zaune da rigata a jiki, waya a cinya, Dogo ya kira. Muryarsa ƙasa-ƙasa, daga bayan gida yake magana.

Saba ta faɗi kafin baƙi su gama shan shayi. Allon ya daskare, tashoshinsu duka suka tsaya cak. Cikin baƙin akwai injiniyarsu, wata mai furfura. Ta ja kujera ta ce a nuna mata duk abin da aka maƙala wa manhajar. Ta ga Mikiya, ta ce a cire a sake kunnawa. Memori ya kwanta lumui, ko motsi.

Na ce, "Sai aka yi yaya?"

"Sai Manaja ya ce wane ne ya rubuta wannan abin."

Na miƙe tsaye, har na ɗauki jaka.

"Auta ya ce shi ne."

"Me ya ce?"

"Ya ce, ni na rubuta ta daga farko har ƙarshe. Ni har na sa baki, na ce ko dai wani ya taimaka maka? Ya ce ba hannun kowa a ciki. Manaja ya sake tambaya, ya sake faɗa. Baƙi sun tafi, Injiniya. Shi ma an karɓe katinsa."

Na zauna. Ban cire rigar ba sai da magariba.

Alhamis, da hantsi

Manaja da kansa ya kira. An zalunce ni, a yi haƙuri, in dawo Litinin, za a mayar da sashena yadda yake. Na ce ba komai, yallaɓai.

Babur ɗin Auta yana nan a tsakar gida. Ƙofar ɗakinsa a rufe.

Na yi nasara.

Litinin, da rana, a ofis

Mai gadi ya miƙo mini katina da hannu biyu. Waɗanda suka sunkuyar da kai ranar taro yau su ne masu "ai mu da ma mun san ba ke ba ce". Na amsa wa kowa da fara'a, na kuma riƙe fuskar kowa.

Manaja ya kira ni ofishinsa, Dogo na tsaye a gefe.

"Injiniya, aikinki na farko: ki bi ko'ina ki goge mini shirmen nan na ƙaninki. Ko ƙurarsa ba na son gani. Wane irin mai ƙwaƙwalwar kifi ne zai ƙera abin neman yoyo, ya zama shi ne yoyon? Ko gargaɗi babu! Ki gafarce ni, jininki ne, amma wanda ya rubuta abin nan bai san aiki ba."

Filasha tana aljihun jakata, jakar tana kan cinyata. Hannuna har ya kai kan zif. Sai na ɗaga ido muka haɗa da Dogo. Shi ya ɗauko mini hoton nan, kuma ya san ranar da ya ɗauka. In na haska gargaɗin, ba wanda zai tsaya yaba sunan da ke samansa. Tambaya ɗaya za a yi mini: tun yaushe kika sani?

Na ce, "To, yallaɓai."

Na zauna a teburina na bi sabar aiki, na bi ta gwaji, na bi ma'ajiyar kamfani. Abu mafi kyau da na taɓa rubutawa a rayuwata, na goge shi da hannuna a matsayin shirmen wani. Na'urar ta tambaye ni ko na tabbata, na ce na tabbata.

Litinin, da yamma

Na same shi a tsakar gida yana wanke babur ɗin da ba inda za shi. Na tsaya a kansa da jakata.

"Me ya sa ba ka ce tawa ce ba?"

Bai ɗago ba. "Da na ce taki ce, sai su ce to me ya hana ta faɗa."

"Wa ya ce maka na sani?"

"Yaya, na ce miki memori na ƙarewa, kika ci gaba da yanke farce. Ke da ko a mafarki aka ce miki yoyo sai kin tashi kin nemi kwamfuta."

Na ce, "To asirina ka rufa, ko naka? Don ni ka yi, ko don kada a kira ka ɓarawo?"

Ya matse tsumman.

"Wallahi ni ma ban sani ba, Yaya."

Ya koma kan tayar baya. Na jira ko zai ƙara wani abu, wataƙila shi ma jira yake, har aka kira sallah kowa ya kama gabansa.

Haushinsa yana nan, ko kaɗan bai ragu ba, na dai rasa inda zan sauke shi. Na yi nasara, wannan ba mai musu. Inna ta kai wa kowa abincinsa ɗakinsa, ita kuma ta ci nata a tsaye a kicin.